Bakan Kawu ya fi ƙarfin kafaɗata, wane kam zan zaɓa?

TAMBAYA

Malam, barka da aiki. Ni matashi ne, ban daɗe da fara harbin kibiya da baka mai kura ba, wato irin wanda yake da faifai masu juyawa a ƙarshen fikafikansa, waɗanda ake kira kam. Kawuna ne ya koya mini, da wani tsohon baka mai sauƙin ja. Da ya ga na kama hanya sai ya ce ya bar mini bakansa na farauta kyauta. Mai tagwayen kam ne, nauyin jansa laba 70, tsawon jansa inci 30, a takardarsa kuma an rubuta yana tura kibiya ƙafa 340 a daƙiƙa. Ni kuwa da aka auna ni, tsawon jana inci 27 ne. Duk sanda zan ja shi sai na ɗaga shi sama kafin ya zo, in na ɗan saki jiki kuma sai tsarkiya ta fizge ni gaba. Kwanan nan kafaɗata ta dama ta fara ciwo, har takan tashe ni da dare. Kawu ya ce rashin sabo ne, kuma a wurinsa duk bakan da ba shi da kam biyu na yara ne. Wani abokina ya ce in nemi mai kam ɗaya, wani ya ce bainari. Baka guda nake so, in yi atisayen gasa da shi, in kuma yi farauta inda doka ta yarda. Babu mai gyaran baka kusa da ni, ba ni kuma da injin matse shi, wato wanda ake lanƙwasa fikafikan da shi don igiyoyi su saki a yi gyara. Ina jin nauyin Kawu ƙwarai, ba na so ya ga kamar na raina kyautarsa. Wane kam zan zaɓa, kuma yaya zan yi da Kawu?

AMSA

Ɗan'uwa, maganar kam za ta zo, amma kafaɗarka ce a gaba. Ka rataye bakan nan daga yau, kada ka sake jan sa ko da sunan gwaji. Gajiyar tsoka bayan atisaye daban take, takan zo ta wuce cikin kwana biyu ko uku. Ciwon da ya zauna a gaɓa har yana raba ka da barci kuwa alama ce jijiyoyin da ke riƙe da kafaɗa sun fara galabaita, kuma irin wannan rauni in aka matsa masa yakan raba mutum da baka wata da watanni. Ka je likita ya duba ka, ka gaya masa ainihin abin da kake yi da hannun, ka bi abin da ya ce game da lokacin komawa harbi.

Abin da ka kwatanta matsala biyu ce a haɗe. Ɗaga baka sama kafin ya zo, wannan nauyi ne ya yi maka yawa. Fizgar tsarkiya kuma tsawo ne ya yi maka yawa, ga shi an haɗa ka da kam mai tsauri. Inci uku ba wasa ba ne a wannan harka, domin ko rabin inci gwanaye suna ji a jikinsu. Mai inci 27 da ya ja baka mai inci 30 dole ya miƙe hannun hagu ƙiƙam, kafaɗa ta haye wajen kunne, hannun dama ya wuce muƙamuƙi, kai ya karkata baya. Da wuya ma ya kai ƙarshen ja ya jingina a kansa. Yana nan rataye a bakin wurin da nauyi ke dawowa, shi ya sa da ya numfasa sai baka ya ƙwace. Babu sabon da zai ƙara wa hannunka inci uku.

Bari in bayyana maka aikin kam, don in ka gane shi rabin gardamar abokanka ta mutu. Baka marar kura yana ƙara nauyi ne gwargwadon yadda kake ja, sai ya zama lokacin da kake son nutsuwa ka auna, a lokacin ne ya fi nauyi. Wani Ba'amurke mafarauci daga jihar Misuri, Holless Wilbur Allen, shi ya juya wannan lissafi. Ya nemi rajistar ƙirarsa a 1966, aka ba shi a 1969. Dabararsa ita ce a ɗora wa kowane fiffike kura wadda ƙarfen da take juyawa a kai ba a tsakiyarta yake ba. Yayin da kake ja, kurar tana juyawa, ƙarfin da take ba ka a kan fiffiken yana canzawa. Nauyi ya hau, ya kai ƙololuwa, sannan ya sauka a ƙarshe. Wannan saukar ita ce sassauci. Baka mai laba 60 da sassaucin kashi 80 cikin ɗari, laba 12 kawai kake riƙewa a cikakken ja. In sassaucin kashi 70 ne, kana riƙe da laba 18. Bayan saukar akwai ɗan sarari inda nauyin yake a ƙasa, mu kira shi sararin hutu, daga nan sai bango, inda ja ya ƙare.

Abin da masu talla ba sa son tsayawa a kai shi ne kam ba ya ƙirƙirar ƙarfi. Duk gudun da kibiya ta yi, daga jikinka aka ciro shi. Kam mai sauri yana samun saurinsa ne ta hanyar kai ka ƙololuwar nauyi tun daga farkon ja, ya riƙe ka a can kusan har ƙarshe, sannan ya jefa ka cikin sararin hutu ɗan ƙanƙani. Kam mai laushi yana hawa a hankali, ya sauka a hankali, ya ba ka wuri mai faɗi ka zauna, amma ƙarfin da ya tara bai kai na wancan ba. Sai ka ga bakunkuna biyu duk an rubuta musu laba 60, ɗaya kamar ba ka ja komai ba, ɗaya kuma yana neman cire maka kafaɗa. Wannan bambanci daga siffar faifan yake zuwa, kuma ana samun mai tsauri da mai laushi a kowane gida daga cikin gidajen kam huɗu. Ka riƙe wannan da kyau. Sunan gidan yana gaya maka yadda aka ɗaura igiyoyi ne da irin gyaran da bakan zai nema, amma ba ya gaya maka yadda za ka ji shi a jiki.

Tagwayen kam irin na Kawu su ne tsohon gida. Faifai biyu iri ɗaya, sama da ƙasa, tsarkiya ta haɗa su, sannan kowane faifai yana da kebul ɗinsa, wato wata igiya ban da tsarkiya, da ke tafiya zuwa ɗaya fiffiken, inda ya rabu biyu ya kama gefe da gefe. In faifan biyu suna juyawa tare, wannan tsari yana da kyau sosai: gindin kibiya yana tafiya a miƙe, ga gudu, ga shi kuma ana iya gyara karkatar faifai a sama da ƙasa ta hanyar murɗa reshen kebul ɗaya. Rauninsa taimin ne, wato daidaituwar juyawar faifan biyu a lokaci guda. Kowane faifai da fiffike yake magana, ba da ɗan'uwansa ba, don haka in kebul ɗaya ya fi ɗaya miƙewa sai faifai ɗaya ya riga ɗaya isa. Kamar mutum biyu ne suka ɗauko dogon katako, ɗaya ya riga saukewa. Za ka ji bangon ya yi laɓo-laɓo, ko ka ji tsayawa biyu a jere, kibau kuma su fara warwatsuwa sama da ƙasa. Gyaran ba shi da wuya ga mai injin matsi, murɗa kebul ne sau ɗaya ko biyu. Ga wanda ba shi da injin kuwa, babu yadda zai yi. A yi wa tagwaye adalci dai: yawancin baƙin jinin da suka yi, sun yi shi ne a zamanin da igiyoyi ke miƙewa sosai. Igiyoyin yanzu da ake yi da zaren Dyneema, wani lokaci a gauraya da Vectran, kuma a miƙar da su tun wajen ƙira, suna riƙe tsawonsu fiye da na da nesa ba kusa ba.

Kam ɗaya ya fito ne don ya kashe matsalar taimin. Kamfanin Mathews ne ya fito da shi a 1992. Faifai ɗaya ne a ƙasa, a sama kuma gargare ne zagayayye wanda aikinsa kawai ya bar tsarkiya ta wuce. Tsarkiyar tana tashi daga kam, ta hau ta zagaya gargaren, ta dawo kam, saboda haka tsawonta ya kusan ninka na sauran. Tunda faifan ɗaya ne, babu wanda zai riga wani. Galibinsu suna da laushin ja, ba su da ƙara, kuma suna haƙuri da mai su. Amma kada a ruɗe ka da cewa ba sa neman gyara sam. Doguwar tsarkiya tana da wurin miƙewa mai yawa, in ta miƙe kuma faifan yakan kauce daga mazauninsa, wurin ɗora kibiya ya motsa, zoben leƙe da ke jikin tsarkiya, wanda ake auna ta cikinsa, ya juya gefe. Haka nan, da yake sama da ƙasa ba iri ɗaya ba ne, wasu ƙirarrakin ba sa tura gindin kibiya a miƙe sarai, ko da yake na baya-bayan nan sun gyaru ƙwarai. A gudu yawanci suna ɗan baya. Ko kamfanin da ya ƙirƙiro shi, manyan bakunkunansa na farauta a yanzu masu kam biyu ne. Duk da haka maganar Kawu cewa na yara ne ba ta tsaya ba, domin shekaru masu yawa an yi farauta da gasa da su, kuma ba a ji kunya ba.

Na uku shi ne haibirid, wanda kamfanin Darton ya fara yi, kamfanin Hoyt kuma ya yaɗa shi da sunan kam da rabi. Faifai biyu ne amma ba iri ɗaya ba. Na ƙasa ne mai ƙarfin, na sama yana bin sa, kebul ɗaya ya haɗa su kai tsaye, ɗaya kebul ɗin kuma ya tashi daga na ƙasa ya rabu biyu a fiffiken sama. An so a sami miƙaƙƙiyar tafiyar tagwaye ne tare da rage rigimar taimin, kuma an samu da yawa. 'Yan gasa da dama suna son sa saboda yana ba mai gyara wurin kamawa. Shi ma dai, ranar da ya nemi murɗi sai an matse shi.

Na huɗu shi ne bainari, wanda kamfanin Bowtech ya fito da shi a 2005. A nan kebul ba ya taɓa fiffike ko kaɗan. Daga faifai zuwa faifai kawai suke tafiya, sai kowane faifai ya zama a ɗaure da motsin ɗan'uwansa. In igiya ta ɗan miƙe, ko fiffike ɗaya ya ɗan fi ɗaya ƙarfi, faifan suna jan juna su tafi tare. Ba wai taimin ba ya kaucewa kwata-kwata ba ne, yana yi, amma kaɗan, kuma a hankali. Abin da aka sadaukar shi ne reshen nan da ake murɗawa a gyara karkata. In faifai ya karkata, ana gyara shi ne da ƙananan zobba da ake sauya wa wuri a jikin ƙarfen da yake juyawa a kai, wannan kuma aikin injin matsi ne. Wasu sababbin ƙirarraki sun zo da sukurori da ake matsar da faifai ko fiffike dama ko hagu ba tare da matsi ba, kuma ga mutum irinka wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Yanzu lambar nan ta 340 da na san ita ce ke riƙe zuciyarka. Ana auna ta ne a sharaɗi guda: laba 70, ja inci 30, da kibiya mai nauyin giren 350, wato kusan giram 23, kuma galibi tsarkiya ba ta ɗauke da komai. A ƙiyasin da maharba ke aiki da shi, kowane inci da aka rage a tsawon ja yana cin kusan ƙafa 10 a daƙiƙa, kowace laba kusan ƙafa 2, kowane giren uku da aka ƙara wa kibiya kusan ƙafa 1. Ka ɗora kanka a kai: inci 27, laba 55, kibiyar farauta mai giren 420. Bakan da aka rubuta wa 340 zai ba ka wajen 255. Mai laushi da aka rubuta wa 320 zai ba ka wajen 235. A nisan mita 20, tazarar isowarsu kusan kashi biyu cikin ɗari na daƙiƙa ce. Sauti kuwa yana gudun kusan mita 343 a daƙiƙa, ya ninka kowace daga cikin kibiyoyin nan fiye da sau huɗu. Ƙarar tsarkiya tana isa kunnen dabba tun kibiya ba ta yi rubu'in hanya ba, kuma dabba mai tsoro tana iya durƙusawa don zabura kafin ta iso. Babu bakan da ya tsere wa sauti, shi ya sa a farauta nake fifita baka marar ƙara a kan mai gudu. Amfanin gudu na gaskiya guda ne: kibiya ba ta faɗuwa sosai, don haka in ka yi kuskuren ƙiyasta nisa ba za ka kauce da yawa ba. Amfani ne, ban musa ba. Amma ana samun mafi yawansa ta hanyar koyon ƙiyasin nisa da ƙin harbi daga nesa, ba tare da an biya da kafaɗa ba.

Buƙatar ɗan gasa da ta mafarauci sun ɗan sha bamban, kuma tunda baka guda kake so dole ka san inda za ka yi rangwame. A dokar Hukumar Harbin Kibiya ta Duniya, baka mai kura ba ya wuce laba 60, saboda haka bakan Kawu a yadda yake ko layin harbi ba za a bar shi ya hau ba. Ana harbi a mita 50 a fili, mita 18 a cikin zaure, nisan a sane yake, gudu ba shi da wani tasiri. Abin da ɗan gasa ke nema shi ne baka ya tsaya cik a hannu, kuma ya iya harba kibiya 72 ta ƙarshen ta fita kamar ta farko. Shi ya sa da yawansu suke zaɓar sassauci kaɗan, kashi 65 zuwa 75, domin ɗan nauyin da ya rage a hannu yana sa tsokar baya ta ci gaba da aiki, sakin ma ya fi fita da tsabta. Suna kuma son dogon baka, inci 36 zuwa 40 tsakanin faifai da faifai. Wannan fanni yana ƙara daraja ma, don an sa gasar baka mai kura ta mace da namiji a haɗe cikin wasannin Olamfik na 2028 a Los Anjeles, karo na farko ke nan.

Mafarauci kuwa kibiya ɗaya yake harbawa, amma a yanayi mafi muni. Ya daɗe a zaune ko a durƙushe, jiki ya yi sanyi, zuciya na bugawa. Dole ya ja a hankali ba tare da motsin da dabba za ta gani ba. Yana iya jan baka dabbar ta tsaya bayan itace, ya riƙe minti guda yana jira, in ba ta fito ba ya mayar da tsarkiya a hankali ba ƙara. Ka gwada mayar da tsarkiyar kam mai tsauri a hankali ka gani, fizga ɗaya yake yi, kibiya ta faɗo daga mazauninta. A nan ne sassaucin kashi 80 zuwa 85 da sararin hutu mai faɗi suke da rana. Akwai kuma kan kibiya mai reza. Rezojin suna kama iska kamar fikafikai a gaban kibiya, don haka duk wata 'yar karkata da kan atisaye yake ɓoyewa, shi zai tona ta. Bakan da taiminsa ya kauce yana iya yi maka kyau a allo, ranar farauta ya kai kibiya wani wuri dabam. Wannan ne ya fi damuna a duk maganar. Allo in ka kuskure shi ka rasa maki ne kawai, amma dabba in ka same ta a wurin da bai dace ba, za ta tafi da rauni ta sha wahala, kuma alhakin yana wuyanka. Ka kuma tabbatar da dokar inda kake kafin ka fita. A Birtaniya an hana farauta da baka gaba ɗaya, Faransa ta halatta a 1995 bisa sharaɗin horo, jihohin Amurka da yawa kuma sun ƙayyade mafi ƙarancin nauyin ja gwargwadon dabbar da za a harba.

To ga abin da nake ba ka shawara. Ka nemi bainari mai laushin ja, wanda lambar gudunsa take tsakanin 310 da 325, in da hali irin wanda ake saita shi da sukurori. In ba ka samu ba, ko kuwa ka ja mai kam ɗaya ka ji ya fi kwanta maka, ɗauke shi ba tare da wata shakka ba, ka sa masa tsarkiya mai kyau. Tagwaye da haibirid ba su da laifi, amma sun fi dacewa da mai injin matsi a gida ko mai gyara a kusa. Akwai ƙananan injina na tafi-da-gidanka, sai dai ba kowanne ya dace da kowane irin fiffike ba, wanda bai dace ba kuma yana iya lalata baka ko ya ji maka ciwo.

Abin da ya fi sunan gidan muhimmanci a gare ka shi ne faifan ya kasance mai modul da ake juyawa a canza tsawon ja, yawanci rabin inci rabin inci, ba tare da an sauya faifai ba. Kai sabon maharbi ne, tsayuwarka za ta gyaru, inci 27 ɗin nan yana iya zama 27 da rabi. In sassaucinsa ma ana canzawa, ka huta: ka rage shi lokacin gasa, ka ƙara lokacin farauta. Tsawon bakan ya kasance inci 33 zuwa 35, tazarar tsarkiya da mariƙi kuma wajen inci 7, don gajeriyar tazara tana ƙara gudu amma ba ta yafe kuskuren hannu. Ka duba abin da ke tsayar da ja. Wanda yake dukan fiffike yana ba da bango mai tauri, wanda yake dukan kebul yana da ɗan laushi. Wannan zaɓin jiki ne, gani ya kori ji.

Nauyi kuwa kujera ce za ta yanke maka hukunci, bayan likita ya sallame ka. Zauna a kujera, ɗaga ƙafafunka kaɗan daga ƙasa, nuna baka gaba sosai da kibiya a kai, ka ja a hankali. In sai ka ɗaga shi sama, ko ka murɗa jiki, ko ka riƙe numfashi, ya yi maka yawa. Sukurorin fikafikai a yawancin bakunkunan farauta laba 10 kacal suke ragewa, don haka ka zaɓi fikafikan 40 zuwa 50, ko 50 zuwa 60, ka fara daga ƙasa. Ga dabba mai girman barewa, laba 45 zuwa 55 da reza mai kaifi da kibiyar da ta shiga inda ya dace sun wadatar.

Sai Kawu. Mutumin da ya ɗauki bakan da yake ji da shi ya ba ka, ba faifai ya ba ka ba, yarda ya ba ka, kuma ita ce yake tsoron ka mayar masa. Don haka kada ka je masa da muhawarar wane kam ya fi. Ba za ka ci ba, kuma a wasu abubuwan yana da gaskiya, tagwaye masu taimin daidai bakunkuna ne na ƙwarai. Ka je masa da jikinka. Ka ce, “Kawu, bakan nan a kan hannunka aka yanka shi, nawa bai kai ba, ga shi likita ya ce in huta. Ina so ka auna ni da kanka, ka raka ni mu zaɓi wanda zan fara da shi.” Ku buɗe hannuwa a jikin bango, shi da kai, ku auna daga yatsa zuwa yatsa da inci, ku raba da 2.5. Zai ga lambarsa, ya ga taka. Maharbin da ya daɗe a harkar ya san abin da inci uku ke nufi, ko da a baya ƙauna ta rufe masa ido. Ka roƙe shi ya ci gaba da riƙe bakan yana harbi da shi, tunda shi ya dace da shi. In ya nace sai ka karɓa, ku bincika ko ana samun modul ko faifan inci 27 da fikafikai masu sauƙi na wannan ƙirar. Wani lokaci ana samu. A tsofaffin bakunkuna sau da yawa kayan sun ƙare, ko kuma sauyin ya haɗa da sababbin igiyoyi da aikin mai gyara, kuma ko an yi duk wannan, tsaurin faifan yana nan yadda yake. Ku yi wannan binciken tare, don amsar ta fito daga bakin kayan, ba daga bakinka ba. Ka kuma bar masa matsayinsa na malami: shi zai tsaya a bayanka ya duba tsayuwarka, shi za ka kai wa takardar da ka harba kibiya ta ratsa don gwada saitin baka, ya karanta maka yagewar.

Ranar da sabon bakan ya zo hannunka kuma aka saita shi, kafin ka yi nisa da harbi ka ɗauki awo ka rubuta: tsawo daga ƙarfen faifan sama zuwa na ƙasa, tazarar tsarkiya da mariƙi, da nisan zoben leƙe daga wurin ɗora kibiya. Ka ja layi da fensir a jikin kowane faifai daidai inda fiffike ya ratsa shi. Sababbin igiyoyi sukan zauna cikin harbi ɗari biyu ko uku na farko, sai ka sake aunawa a lokacin, daga baya kuma lokaci-lokaci, musamman kafin fita farauta. In layin fensir ya motsa, ko awo ya canza, ka san lokacin tafiya wurin mai gyara ya yi, tun kafin kibau su fara gaya maka. Kada kibiyarka ta gaza giren 5 ga kowace laba ta nauyin ja, ƙarfin sandarta kuma ya dace da nauyin da tsawon janka. Kada ka taɓa sakin tsarkiya babu kibiya, kada kuma ka miƙa wa baƙo bakan ya ja da yatsu, domin saki ɗaya a banza ya isa ya lanƙwasa faifai, ya tsinka tsarkiya, ko ya tsaga fiffike.